Tsumma a Kan Madubin Motar Tsibiri

Babana ɗan kamasho ne a tashar da ake shiga motocin Tsibiri a Maradi. Idan aka tambaye ni sana'arsa a lakwal, nakan faɗa a hankali, domin na san abin da zai biyo baya. Wani yaro zai sa hannu a baki ya yi ihu, "Tsibiri! Tsibiri! Saura mutum guda!" sai aji ya fashe da dariya. Ba na ba su amsa, ni ba mai yawan magana ba ce. Amma tun da na shiga kolej nake zama a ƙarshen bencinsa kullum bayan an tashi, ina jiran ya sa ni a motar gida, kuma abin da na gani a wurin ya fi ihu.

Sunansa Illa, kowa a tasha Baba Illa yake ce masa. Kayan aikinsa ba su cika jaka ba. Akwai igiyoyin roba da aka yanko daga tsohon tub na taya, na ɗaure kaya. Akwai ɗan matashi da yake ɗorawa tsakanin kujerun gaba idan mutum biyu za su zauna kusa da direba. Akwai wani buhu da aka cusa wa tsummoki, wanda yake kira katanga: idan dole ta sa namiji ya zauna kusa da matar da ba tasa ba, sai ya tura buhun tsakaninsu yana cewa, "Ku riƙe mani kayan ga, na wani ne." Kowa ya san buhun ba na kowa ba ne, ba kuma wanda ya taɓa faɗa. Sai tsumma shuɗi da ba ya barin kafaɗarsa. Da shi yake share kujera, da shi yake share gumi, yana kuma da wani aiki da zan zo kansa.

Bara gwiwarsa ta fara ba shi wahala, muryarsa kuma ta dushe. Shugaban sandika, wato ƙungiyar direbobi, ya zo ya zauna a bencin, ya ce masa, "Baba Illa, ka faɗi wanda za ka bar ma layin ga kafin azumi. In ba ka faɗa ba, tebur za mu aje da mai yankan tikiti. Wanda ya riga zuwa ya zauna inda ya ga dama."

Kowa ya ɗauka Lawali zai faɗa. Lawali ɗan kabu-kabu ne da ya bar babur ya dawo ƙarƙashin Baba, ga ƙarfi, ga murya, ga saurin ɗaure kaya. Amma Baba ya ce a ba shi lokaci. Lawali ya ji haushi, abokansa ƴan kabu-kabu da ke shan inuwa kusa da mu suka taya shi.

"Haba Baba," in ji ɗaya daga cikinsu, "mi ke cikin aikin ga? A cika mota a rufe ƙofa. Ko ƙanena na iyawa."

"Ƙanenka ya fi ka hankali ke nan, ka turo mani shi," in ji Baba. "Ku tambayi abokinku yadda ya cika mota ranar da na tahi sallar la'asar."

Na ga abin da ya faru ran nan. Lawali ya cika mota kafin Baba ya idar da salla, yana ta murna. A kujerar baya ya sa wani ango, gwiwa da gwiwa da wata dattijuwa. Bai san uwar matarsa ba ce. Angon ya sunkuyar da kai kamar zai shige ƙarƙashin kujera, dattijuwar ta ja mayafi ta juya wa taga fuska. Can sai angon ya ce ya manta saƙo a kasuwa, ya fita. Dattijuwar ta ce ita ma ta tuna ba ta sayi gishiri ba, ta fita ta ɗaya ƙofar. Wata mata da ta gane abin ta bi ta don kada ta tsaya ita kaɗai. Baba ya dawo ya tarar da mota rabi, direba yana zagin iska.

"Ni na san surukarsa ce?" in ji Lawali. "A goshi aka rubuta?"

"A ƙafa aka rubuta," in ji Baba. "Tun daga ƙofar tasha yaron ga ya cire takalmi ya duƙa, ya kauce ya bi bayan motoci. Kai kana can kana nuna ma duniya kana da maƙogwaro."

Daga nan ya gyara zama. Idan ya gyara zama haka, ƴan kabu-kabun sukan yi kamar ba sa ji, amma ba mai tashi.

"A layin Jiratawa na koyi aiki, wurin Ɗan Jimo, Allah ya jiƙan shi. Damina guda bai bar ni na buɗe baki na kira fasinja ba. Aikina in tsaya ƙofar tasha in kalli mai shigowa, in dawo in gaya mashi ko wane ne da abin da ya kawo shi birni. Wata rana wata mata ta shigo da kwanon zogale wanda ba komi ciki, na ce mai zogale ce ta saida za ta gida. Ya ce in koma in sake kallo. Na koma. Sai na ga tana taka ƙasa a hankali, hannu guda a ƙugu, ga ƴar leda ta magani ta soke cikin zane. Daga likita take. Ya sa ta bakin taga, ya sa wata tsohuwa kusa da ita, bai tambaye ta komi ba. Ya ce mani, fuska tun daga gida ake wanke ta a shirya ta, tafiya ce mutum ba ya iya shiryawa.

"Gaban mota kuma ba a saye, ba da shi ake. Duk wanda ya nufe shi da kansa, ba nashi ba ne. Za ka ce ma dattijo ya shiga, zai ce a'a, a ba wani. In ka yarda da a'ar farko ka ci mutuncinshi. Sai ka sake, ka buɗe ƙofar, ka share kujerar ko da ba ƙura. Ran nan liman da fasto na Tsibiri suka zo tare, duk sun girme ni. Na aza matashi a tsakiya na ce su shiga. Kun san abin da ya tsai da mu? Kowane ya ce shi za ya hau matashin, ya bar ma ɗan'uwanshi kujera mai laushi. Sai da direba ya ce in ba su shirya ba shi za ya hau matashin su tuƙa."

Aka yi dariya. Baba ya ci gaba da lissafa abin da ba wanda ya rubuta. Mai kifi ko mai daddawa can baya. Mai jariri ba a sa ta inda rana ke bugawa. Ranar da aka faɗi sakamakon jarrabawa, ba a haɗa yaron da ya ci da wanda ya faɗi a mota guda, domin ɗaya ba zai iya ɓoye murna ba, ɗaya ba zai iya ɓoye ido ba. Wanda ya ɓare gyaɗa a mota sai ya miƙa wa na kusa, na kusa ya ce alhamdu lillahi ko da yunwa yake ji. Mutane sun san duk wannan, ba sa dai son a sa su faɗa. Aikin ɗan kamasho shi ne ya jera su yadda ba sai sun faɗa ba.

Shekarar da mai ya yi tsada ita ce mummunar shekararsa. Motoci suka ragu, mutane suka taru a rana, direbobi suka ce a cusa kowa ko ta yaya. Wani direba ya jefar da buhun katanga, ya ce yana cin wurin rabin mutum. Baba ya ɗauko ya kaɗe, ya ce shi ba zai yi lodin motar ba. Direbobi da yawa suka daina ba shi lodi, ya koma ɗaure buhunan albasa da na barkono a bakin kasuwa. A gida mun san shekarar da miyar da babu nama. Amma matan Tsibiri suka riƙa zama a inuwa suna barin motoci suna wucewa, in an ce su shiga su ce suna jiran wani. Ba su taɓa cewa wa suke jira ba. Kafin kaka, sandika ta aiko a kira shi.

Sai wani daga cikin samarin ya nuna kafaɗarsa. "To tsumman ga fa? Na ga wani lokaci kana rataya shi a madubi."

Baba ya ce, "Wannan shi ne lodi mai nauyi. Wanda bai iya shi ba bai iya komi ba."

A wajenmu ba a gaya wa mutum rasuwar nasa a hanya. Ana ce masa jiki ya yi tsanani, ya zo gida. Sai ya iso, ya zauna, babba ya gaya masa, ga waɗanda za su riƙe shi. To amma daga Maradi zuwa Tsibiri a mota zai je, cikin mutanen da rabinsu sun riga sun ji, wasu ma gaisuwar za su.

"Na farko da na yi ni kaɗai," in ji Baba, "wani tela ne na Sabon Gari, uwarshi ta rasu da hantsi. Kawunshi ya aiko mani tun kafin ya iso. Na rataya tsumma a madubin gefe, duk ɗan Tsibiri da ya saba shiga motarmu ya san ma'anar: akwai wanda bai sani ba, kowa ya riƙe bakinshi. Na ce ma direba rediyonshi ya lalace yau, don ana sanarwar rasuwa da rana. Na sa telan gaba, inda ba ya ganin fuskar kowa. Mata biyu da suka zo da manyan hijabai da ƙwaryar hatsi ta gaisuwa, na tsai da su sai mota ta gaba. Ba a yi mashi ƙarya, ku ji da kyau. In ya ce yaya jikin tsohuwa, sai ka ce, Allah dai ya sa mu dace, hanzarta ka isa. Yanzu da salula ta zo aikin ya ƙaru. Sai ka sa wanda za ya ari wayarshi tun a tasha, ya ce tashi ba kuɗi, ya yi ta neman lamba har Tsibiri."

"Wannan ai mai sauƙi ne," in ji Lawali. "Tsumma, rediyo, gaban mota, salula."

"Ka haddace," in ji Baba. "Allo ma yana riƙe karatu."

Akwai mutum biyu da ya kamata a sani a nan. Mama Saratu, Kirista ce, tsohuwar malamar ɗinki, kullum tana zuwa Maradi sayen zare da yadi. Ita Baba ya fi sa wa kusa da mai lodi mai nauyi, domin tana iya yin hirar tsadar atamfa tun daga tasha har gida ba ta gaji ba. Sai Mati mai albasa, mutumin kirki, amma labari ba ya kwana a cikinsa. In ya ji abu, sai ya faɗa ko da a masallaci ne.

Wata Laraba, ana saura kaɗan azumi, na taso daga lakwal na tarar Baba ba ya nan. Wannan ba sabon abu ba ne, in gwiwar ta matsa masa yakan tafi da wuri. Na dubi madubin motar da ke kan layi, don na saba duba shi kafin komi. Ba tsumma. Direba ya sa waƙa a rediyo, irin wadda yake sawa daga ɗan katinsa kullum.

"Ƴar lakwal!" in ji Lawali. "Baba ya riga ki gaba yau, ya ce in sa ki mota. Yau ma ba za a gaishe mu ba? Ko sai mun yi faransanci?"

Na ce, "Ina wuni, Yaya Lawali."

"Ta yi magana! Jama'a ku shaida!"

Haka yake tsokanata kullum. Ya sa ni a wurina na kullum, baya, bakin taga ta hagu. Na lura da abu guda: duk fasinjan da ya doso, Lawali yakan taka har ƙofar tasha ya karɓi kayansa, su taho tare suna magana. Na ce a raina, azumi ya matso, yana son Baba ya ji an yabe shi. Mama Saratu ta shigo ta zauna kusa da ni, ta buɗe leda ta nuna mini wani yadi mai ruwan ganye, ta ce in faɗa mata gaskiya ko an cuce ta. Ta ce ɗinkin ƴan matan yanzu duk hannu ɗaya ya fi ɗaya. Ta tambaye ni ko ana koya mana ɗinki a kolej, da na ce a'a ta ce to me ake koya mana.

Saura wuri guda sai ga Mati mai albasa da gudu, yana ɗaga hannu. Lawali ya tare shi tun daga nesa, ya rungume buhunsa ya sauke a ƙasa.

"Baba Mati, buhun ga ya yage, tsaya in ɗaure maka."

"Ina ya yage? Kai bar ni in shiga, sauri nike, ba ka ji ba…"

"Na ji, na ji! Zo ka gaya mani a nan." Ya ja shi bayan wata babbar mota, ya bugi bayan tamu da tafin hannu. Direba ya ja.

Mota ta bar tasha da wurin mutum guda babu kowa. Tun da nake ban taɓa ganin haka ba. Na juya ina kallon wurin, sai Mama Saratu ta ɗora ledar yadinta a kai ta ce, "Yauwa, yau kayana ma sun samu kujera." Wani dattijo a gaba ya ce gero ya yi kyau bana a gonakin bakin hanya. Wani ya ce sai dai tsuntsaye. Aka yi ta maganar tsuntsaye.

Da muka isa, Mama Saratu ta ce za ta bi ta unguwarmu, tana da saƙo. Muka taho tare. Sai da muka karya kwana na ga tabarmi a ƙofar gidanmu, da maza zaune, da takalman mata sun cika bakin zaure. Iya ce ta rasu, mahaifiyar Baba. Da safe na bar ta tana tsince wake, tana ce mini in na zama likita in fara da gwiwar ɗanta. Mama Saratu ta riƙe hannuna har cikin gida, ta miƙa ni ga innata, sannan ta koma ta zauna cikin mata.

Bayan an share makoki Baba ya koma tasha. Shugaban sandika ya zo yi masa gaisuwa, Lawali yana tsaye a gefe, ƴan kabu-kabu suna inuwarsu. Ina ƙarshen benci. Baba bai taɓa sa ni magana a gaban mutane ba, ya san halina. Ran nan ya juyo.

"Barira, ranar Laraba ina ya sa ki?"

"Wurina na kullum."

"Ba gaba ba?"

"A'a."

"Rediyo fa?"

"Yana ta waƙa."

"Tsumma?"

"Babu."

Ya dubi Lawali. "Na bar maka tsumma a kan benci. Don mi ba ka rataya ba?"

Lawali ya sosa ƙeya. "Baba, ɗiyarka ce. Yarinyar ga madubi take fara kallo kafin ta gaida mutum. In na rataya, ko na sa ta gaba, ko aka kashe rediyo, ai na gaya mata ke nan a tsakiyar tasha. Shi ya sa na tari kowa tun daga ƙofa."

"Wurin da ka bari fa?"

"Na ce ma direba kuɗin wurin a kaina. Baba Mati har yau ba ya amsa gaisuwata."

Baba ya sake juyowa gare ni. Duk suka zuba mini ido. Na san abin da zan faɗa shi zai yanke maganar, kuma na san Baba ba ya son a ƙara gishiri.

"Yaushe kika sani?"

"Na ga wurin da aka bari, na yi mamaki," na ce. "Amma ban sani ba sai da na ga takalma a ƙofar gida."

Baba ya ce wa shugaban sandika, "Ku bar teburinku inda yake." Ya zare tsumman daga kafaɗarsa, ya kaɗe, ya ɗora a kafaɗar Lawali.

"Ka wanke shi ranar Juma'a," ya ce. "Kuma ka je ka ba Mati haƙuri, ka sa shi gaba sau ɗaya."

Wani ɗan kabu-kabu ya ce, "Shi ke nan? Ba takarda, ba komi?"

Ba wanda ya kula shi, domin Lawali ya riga ya nufi ƙofar tasha. Wani saurayi ne ya shigo, ya cire takalmi ya duƙa wa wata dattijuwa, ya kauce ya bi bayan motoci.